Bangon da Ya Ƙirga Damina

Da sunan Wanda Ya shimfiɗa ƙasa ba tare da daɓe ba, Ya ɗaga sama ba tare da azara ba, Ya kuma yanka wa kowane ruwa iyakar da zai tsaya. Ni ne Nomau ɗan Tanko magini, mutumin Rafin Kanya. Ga labarin abin da ƙafata ta taka, da abin da idona ya gani, da wanda na baro a bayana.

Na dawo gida bayan damina takwas, na tarar garinmu ya yi saɓa kamar maciji. Kanyar bakin rafi, wadda garin ya ci sunanta, an sare ta an sassaƙa turame. Kasuwa ta tashi daga gindin dutse ta koma gabas. Rijiyar unguwarmu ta rufta, an shuka ayaba a ramin. 'Yan matan da na bari suna tallar gyaɗa sun zama iyaye, har wata ta dungure kan ɗanta ta ce ya gai da baƙo. Karen maƙera da ya san warina ya mutu, jikansa ne ya raka ni da haushi har ƙofar gida. A cikin gidan kuwa, ɗakin Inna ya zube, kabewa ta yaɗu a kan ƙasarsa tana fure. Ɗaki ɗaya ne kawai yake tsaye sumul, namu ni da yayana Barmo.

Gwaggo Hansai, ƙanwar babanmu, ita ce ta fito daga maƙwabta ta same ni tsaye. Ta dube ni, ta dubi bayana, ta daɗe tana duban bayan nawa kamar mai jiran mutum na biyu ya ƙaraso. Ba ta tambaya ba. Sai da ta ba ni ruwa na sha, ta shimfiɗa min tabarma, sannan ta gaya min cewa Inna ta riga mu gidan gaskiya. Da kuka ya sake ni, ta ce, "To ɗan nan, ina yayanka?"

Na ce mata yana da rai, amma teku ne tsakanina da shi, kuma tekun yana da lokacinsa. Abin da na ba ta labari ranar shi ne nake rubutawa yanzu.

Babanmu ya rasu ne a cikin marka, soron da ya gina da hannunsa ya jiƙe ya faɗo masa. Tun muna yara yakan ba mu labarin da ya ji a bakin fatake, na wani birni a ƙarshen ƙasa mai farar ganuwa, wadda teku yake duka safe da yamma amma ko tsagewa ba ta yi. Bayan an share makoki Barmo ya ce shi ba zai ƙara ɗora tubali a kan tubali ba sai ya san abin da mutanen can suke kwaɓa ƙasarsu da shi. Ni kuwa dama ƙafata tana ƙaiƙayi tun ina rarrafe, ban jira a gayyace ni ba. Muka durƙusa gaban Inna muka ce damina uku za mu yi. Tana tankaɗe, ba ta ɗago ba. Ta ce mu je, ɗakinmu yana nan.

Muka kama hanya da jaki ɗaya da buhun gero. Mun ratsa ƙasar da mutane suke kwana a cikin kogon kuka, kowace kuka unguwa guda. Mun haye kogin da yake gangarawa gabas da safe ya juyo yamma da la'asar, har masunta suke kafa koma biyu. Mun yi wa wani sarkin makafi ginin rumbu, ya bi bangon da tafin hannu tun daga ƙasa har sama, ya nuna mana inda muka yi ha'inci. Duk inda guzuri ya ƙare sai mu tsaya mu yi gini, mu ci, mu wuce. Barmo yakan ce ƙafata ta fi kaina sauri, ni kuma in ce nasa kan ya fi jakin nauyi.

A damina ta biyu muka iso bakin Dajin Rijiya Bakwai, inda babu kogi, babu tafki, sai rairayi da ƙaya. Wani makiyayi da muka tarar yana shayar da raƙuma ya ce mana rijiyoyin bakwai ne a jere har ƙetaren daji, kuma kowace ta fi 'yar'uwarta zurfi. Shi bai taɓa wuce ta biyu ba, don haka bai san zurfin sauran ba. Abin da ya sani shi ne goruba tana ƙarewa a rijiya ta uku, daga nan babu kabar da mutum zai tufka igiya da ita.

Rijiya ta farko Barmo ya auna igiyar da ta sauka har guga ta taɓa ruwa, gaba shida. Ta biyu gaba goma. Ta uku goma sha huɗu. Ni na ce mu ninka igiyarmu biyu mu wuce, zafi yana ƙaruwa, gero yana raguwa. Barmo ya zauna a inuwar goruba ya fara yankan kaba kamar bai ji ni ba. Sai da na gama faɗa ya tuna min yadda Baba yake gina rumbu, yana rage tubali biyu a kowane layi don bakin ya tsuke. Baba yakan ce kada magini ya tsaya kallon layi, ya dubi abin da ke tsakanin layi da layi, in ya san wannan ya san bakin rumbu tun yana gindinsa.

Ya ce, "Cire shida daga goma, me ya rage?"

Na ce huɗu.

"Cire goma daga goma sha huɗu."

Na ce huɗu ne dai.

"To wanda ya haƙa rijiyoyin nan ba da ka ya yi ba. Saura huɗu a gabanmu, kowace da ƙarin gaba huɗu. Ta ƙarshe talatin ce. Ninkin naka ashirin da takwas ne, Sarkin Gaggawa. Zauna ka yi tufka."

Na zauna ina ƙunƙuni muka tufka talatin da ɗoriya. Ta huɗu ta ci goma sha takwas, ta biyar ashirin da biyu, kamar an gaya musu. A bakin ta bakwai muka tarar da abin da har yau nake gani in na rufe ido. Mutane ne zaune a kewaye da rijiya, sun bushe a cikin rigunansu, kowa da igiyarsa a hannu. Wasu sun ƙulla rawani da ɗamara a kan igiya, wani har da zanen matarsa. Na leƙa, ga ruwa can ƙasa yana ƙyalli kamar idon kyanwa. Gugarmu ta sauka ta taɓa shi da sauran igiya kaɗan a hannun Barmo. Muka sha, muka shayar da jaki, muka yi wa mutanen sutura da rairayi iyakar ƙarfinmu. Ranar ban yi wa Barmo ba'a ba, shi ma bai ce ya gaya min ba.

Bayan dajin muka gangara ƙasar farar ƙasa, inda tsaunuka suke fari fat kamar an zuba gari. A ƙarshenta Tekun Kumfa yake. Ruwansa ba shi da nauyi, ko ƙwarya aka ɗora a kai sai ta nutse kamar dutse, shi ya sa babu jirgi a duk gaɓar, babu masunci. A tsakiyarsa tsibirin yake, da birnin da muke nema. Ba a isa can sai in teku ya janye ya buɗe hanya, kuma in ya buɗe wata guda yake yi ya rufe.

Mun zo a kan sa'a, ko kuma abin da muka ɗauka sa'a ce. Teku ya janye, mutanen tsibiri sun fito jere kamar tururuwa suna ɗibar farar ƙasa a ka. Hanyar laka ce da duwatsu masu kaifi, wani wuri sai an kama da hannu an hau, wani wuri sai an bi ta kan tudu siriri kamar bakin ƙwarya. Dabba ba ta iya bi. Muka bar jaki wurin mutanen gaɓa, muka ɗauki farar ƙasa kamar kowa, muka bi sahu kwana da kwanaki, muna kwana a kan wasu ginshiƙan dutse da aka gina a kowane zango.

Da muka ga ganuwar daga nesa Barmo ya sauke kayansa ya tsaya. Kaurinta ya isa raƙuma biyu su jera a kai. Ya ce da Baba yana nan.

Wadda take shugabancin masu yaɓe wata dattijuwa ce, Iya Ladingo, gajeruwa mai faffaɗan hannu, farcenta duk ƙasa ta cinye. Barmo ya gaishe ta, ya gaya mata daga inda muka fito da abin da ya kawo mu, ya roƙe ta ta faɗa mana sirrin kwaɓinsu, ko makuba ce ta wani iri, ko katsin marina, ko jinin wata dabba. Ta yi dariya har tana riƙe ƙugu. Ta ce jar ƙasa ce da ruwa da ƙafar mutum. Kowace shekara kafin ruwa ya sauka, duk birnin, da mai ciki da mai sanda, suke fitowa su yi wa ganuwa sabon jan yaɓe. In hanya ta buɗe kuma sai su kawo farar ƙasa su shafe ta a kai don murna. Shi ke nan.

Barmo ya ce, "Shi ke nan, Iya?"

Ta ce, "Me kake so kuma, ɗana? Bango ai kamar tsohuwa ne. In ana leƙa shi kullum, ba ya faɗuwa."

Barmo bai ci abinci ba ranar. Ni kuwa na ce tunda mun zo, mu taya su farin yaɓen mu ga gari, mu koma kafin hanya ta rufe.

Mutanen kirki ne, amma suna da wata al'ada da ta ɗaure min kai. Ba sa ƙirga damina. A wurinsu damina kyautar Allah ce kamar 'ya'ya, kuma wanda ya ƙirga kyauta ya yi mata baki. In ka tambayi mutum shekarunsa sai ya ce ya ga buɗuwa uku, ko huɗu, wato sau nawa hanya ta buɗe a idonsa. Buɗuwa ita ce mudunsu, kuma ba wanda ya taɓa tunanin auna mudun. Kukansu ɗaya ne, cewa zamani ya lalace, mutane suna saurin tsufa. Iya Ladingo ta ce lokacin da teku ya fara kewaye su tana amarya, yaron da aka haifa a wata buɗuwa yakan tarbi ta gaba da ƙyar an yaye shi. Yanzu kuwa sai ka ga ɗan buɗuwa ɗaya yana ɗaukar kwandon ƙasa. Ta ce yaran yanzu gaggawa gare su, ba su san zama ba.

Ana saura kaɗan a gama aikin, Barmo yana kan tsani ta ɓangaren da teku ya fi duka. Gishiri ya daɗe yana cin wurin ta ciki ba wanda ya sani. Na ji ƙara kamar an fasa tulu, na waiwaya, na ga bango ya ɓalle ya tafi da tsanin da yayana tare.

Muka tono shi da hannu. Yana numfashi, amma ƙashin ƙugunsa ya karye. Maɗorin birnin ya ɗaure shi da kara da saiwoyi, ya ce kada a motsa shi daga inda yake sai wata uku, in aka ɗauke shi a hanyar nan ta duwatsu gawarsa za a sauke a gaɓa. Aka kafa masa rumfa a nan gindin ganuwa. Mutane suna ta zuwa sannu, kowa yana cewa mu kwantar da hankali, in wannan ta rufe ai sai mu jira ta gaba, buɗuwa ɗaya ce kawai. Ni ma na kwantar. Na ce a raina ko shekara biyu ce ma yi haƙuri.

Barmo kuwa yana kwance rigingine, babu abin da yake gani sai wurin da bangon ya ɓalle. Wata safiya na kawo masa kunu, ya ce in ajiye in hau in duba masa abu. Wurin ya buɗe kamar an yanka albasa, yaɓe a kan yaɓe tun daga ranar da aka gina ganuwar. Ja, ja, ja, sai farin layi. Ya ce kowane ja damina ɗaya ce, kowane fari buɗuwa ɗaya. Mutanen ba su ƙirga ba, amma hannunsu ya ƙirga musu.

Na sa farce na bi. Fararen layuka shida ne, har da wanda muka shafa jiya-jiya, wato zaman jira biyar ke nan a tsakaninsu. Na can ciki, mafi tsufa, jan yaɓe uku ne. Na waje, wanda ya ƙare da zuwanmu, goma sha ɗaya. Na tsakiya guda uku kuwa gishiri ya narkar da jan ya haɗe, ba a iya rabewa, sai dai ido yana gani kowane ya fi na bayansa kauri.

Nan take na tuna rijiyoyi. Na yi sauri na cire uku daga goma sha ɗaya, saura takwas. Na raba takwas ga biyar, ta ƙi rabuwa. Na sauko da murna na ce masa babu tsari a cikin abin, teku yana buɗewa ne sa'ad da ya ga dama, wa ya sani ko baɗi ma ya buɗe.

Barmo ya ɗaga hannunsa da ƙyar ya ware yatsu. Ya ce, "Yatsu nawa?"

Na ce biyar.

"Taso daga babban yatsa ka je ƙarami. Tsalle nawa ka yi?"

Na bi da ido. Huɗu.

"Na farko ba a ƙara masa komai ba, daga shi aka fara. Sau huɗu aka yi ƙari. Raba takwas ɗinka ga huɗu."

Biyu. Uku, biyar, bakwai, tara, goma sha ɗaya. Na ce wannan zato ne, tunda na tsakiya ba su ƙirgu ba. Ya ce gaskiyata, a kira Iya. Da ta zo ya tambaye ta ko akwai wanda aka haifa a shekarar farin yaɓe na uku. Ta ce 'yarta Gaje, ga ta can tana kwaɓa ƙasa, ranar da aka gama shafen ta haife ta. Ya ce da hanya ta sake buɗewa fa, yaya Gaje take? Iya ta yi murmushi ta ce ba za ta manta ba, yarinyar tana famfara, haƙoran gaba duk sun zube, ana ta yi mata dariya tana tauna rake da gefen baki.

Yaro yana famfara ne a wajen shekara bakwai, ko a Rafin Kanya ko a ƙarshen duniya. Barmo ya rufe ido. Ni ne na faɗi abin da ke gaba, don dole wani ya faɗa. Goma sha uku.

Iya Ladingo ta sa muka sake mata bayani a hankali, tana bin layukan da ido. Can ta ce, "Ashe ba yaran ne suke sauri ba." Ta roƙe mu kada mu faɗa a cikin gari sai ta san yadda za ta gaya musu, don akwai masu 'ya'ya da suka fita gaɓa da niyyar dawowa buɗuwa ta gaba.

Na ce wa Barmo zan goya shi. Ya ce in tambayi maɗori. Na ce to zan zauna. Ya ce Inna fa? Damina uku muka ce mata, ga ta ukun ta wuce. In muka zauna mu biyu, za ta mutu tana kallon ƙofa ba ta san ko muna raye ba. Na ce ba zan bar shi a hannun baƙi kamar kayan da aka manta a zango ba. Muka yi kwana biyu muna wannan, ga kumfa ta fara bayyana a bakin hanya, ga masu fita na ƙarshe suna ɗaure kaya. A rana ta uku ya kama wuyan hannuna, da ƙarfin da ban san ya rage masa ba.

Ya ce, "Nomau, na haɗa ka da nonon da muka sha. Je ka gaya mata ina da rai. Ka yi wa ɗakinta yaɓe. In goma sha ukun ta cika, ka same ni a nan."

Wanda aka haɗa da wannan ba shi da sauran magana. Iya Ladingo ta dafa kansa ta ce ɗanta ne daga yau. Na juya. Ya kira ni, na waiwayo, ya ce, "Sarkin Gaggawa, yau dai ranarka ce. Yi sauri."

Na makara a hanya. Teku ba ya rufewa a lokaci guda, yakan hau da hantsi ya rufe hanya, sai mutum ya fake a kan ginshiƙi, sannan ya janye. Na lura da inuwar sandata cewa kullum lokacin janyewar yana raguwa, kuma ragin na yau daidai yake da na jiya. Na yi lissafin Barmo a juye, na ga ranar da ba zai janye ba za ta zo ina da sauran zango guda. Na zubar da guzuri, da bargo, da takalmi, na riƙa haɗa zango biyu a gudu ɗaya, duwatsu suna yanka ƙafata. Na faɗi a gaɓa kumfa tana lasar dugadugaina. Da na waiwaya babu hanya, babu ginshiƙi, sai fari fat har inda ido ya ƙare, da ɗan ɗigon ganuwa can nesa.

Zuwa ya ci mana damina uku, komowa ta ci min biyar. Jaki ya mutu a hannun masu riƙo. Igiyarmu gara ta cinye, kuma daga wannan gefen rijiya mai gaba talatin ce ta farko, babu goruba ko ɗaya. Sai da na yi wa masu raƙuma kiwo ina tara gashi ina tufka har ta kai. Na tsallake dajin, wani sarki ya ji ni magini ne ya tsare ni in gina masa hasumiya, na gina ina barin matakala a bayan bango inda dogarai ba sa dubawa, ranar da ta kai tsayin ganuwarsa na sauka ta waje. Zazzaɓi ya kwantar da ni a ƙasar masu kogon kuka. Duk inda na faɗi, in na tashi, abu ɗaya nake maimaitawa: yana da rai, Inna, yana da rai.

Da na kai nan a labarin, Gwaggo Hansai ta share ido da bakin zane. Na tambaye ta yaushe Inna ta rasu. Ta ce ita lissafi ya ɓace mata, tun rasuwar mijinta shekaru suka haɗe mata wuri guda. Amma ta ce in tashi in ga wani abu. Ta kai ni bayan ɗakinmu. Ta ce tun shekarar da muka tafi, duk sa'ad da gajimare ya fara haɗuwa, Inna takan ɗebo ƙasa a rafi da ƙwarya, ta kwaɓa da ƙafarta, ta yi wa ɗakin nan yaɓe ita kaɗai. An ce ta bari samari su taya ta, ta ƙi. An ce to ta yi wa nata, ga shi yana tsagewa, ta ce ƙarfinta na ɗaki ɗaya ne, kuma yara za su dawo da gajiya. Da nata ya zube sai ta koma wurin Gwaggo, a can ta cika.

Na dubi bangon. Ga sawun yatsunta a jere, ƙanana, har inda tsayinta ya kai, daga nan ta taka turmi. Na zaro wuƙa na yanki wani gefe kusa da ƙasa, na sa farce na bi. Shida ne. Na cikin masu kauri, na wajen kamar ɓawon albasa.

Na zauna damina guda a Rafin Kanya. Na gyara wa Gwaggo ɗakinta, na yi wa namu yaɓe na bakwai, amma na bar gefen gabas inda yatsun suka fi fitowa, na kafa masa zana ta kare shi daga ruwa. An yi min tayin gona, an yi min maganar aure. Maƙera sun ce in zauna, gari yana bukatar magini. Na gode wa kowa.

Daga goma sha uku, shida sun tafi. Saura bakwai, kuma hanyar da ta ci min biyar tana iya cin fiye. Gara in zauna a gaɓa ina kallon kumfa da in iso in tarar ta rufe.

Yau da safe Gwaggo ta same ni a tsakar gida ina auna igiya. Na tufka biyu, kowace gaba talatin da ɗoriya, na shafe su da man kaɗe saboda gara. Ta kawo min dakakken gero da kuka a ƙunshi, ta tsaya tana kallon ɓallin bangon da nake naɗewa a cikin tsohon zanen Inna, mai yaɓe shida da sawun yatsu uku.

Ta ce, "Me za ka ce masa?"

Na ce ba sai na ce komai ba, ya iya ƙirga.

Ta ce, "In kuma ka makara?"

Na ce sai bayan wata goma sha biyar.

Na ga tana motsa yatsu a cikin zane, tana haɗa nata shekarun da nawa da na Barmo. Ba ta gama ba ta bari. Ta sunkuya ta ɗauki bakin igiyar, ta ce in ja, akwai inda tufkar ta yi sako-sako.